Wanda Aka Ci Ya Miƙa Manet

A Garwa, in ka tara mazan da suka ba talatin da biyar baya ka tambaye su wane ɗan ƙwallo ne ya fi kowa gudu a duniya, kafin ka rufe baki wani zai ce maka Babangida. Tijani Babangida yake nufi, ɗan Kaduna, wanda ya buga wa Ajax ta Holan, yana kuma cikin tawagar Najeriya da ta ɗauko zinare a Atlanta a 1996. Yawancin masu wannan amsa ba su taɓa ganin wasansa ko ɗaya a Ajax ba. A cikin Winning Eleven suka san shi, gem ɗin ƙwallo na kamfanin Konami na Japan, inda in ka jefa masa ƙwallo ta gefen dama sai dai mai tsaron baya ya raka shi da ido.

A hannuna suka riƙa biyan kuɗin wasan, shi ya sa na sani. A farkon shekarun 2000 yayana yana da gidan gem a unguwar Yelwa, ni ke zama in na taso daga makaranta. Ɗaki ɗaya ne mai rufin kwano, da benci, da talabijin masu ƙeya, da na'urar PlayStation ta farko guda biyu. Faya-fayan daga Najeriya suke shigo mana ta Yola da Mubi, rubutun cikinsu kuwa duk Japananci ne. Babu wanda ya iya karanta ko harafi ɗaya, amma yaro ɗan shekara goma ya haddace layin da zai sauka ya latsa da'ira don ya canja tsarin 'yan wasa. In na'ura ta tsufa ta ƙi karanta faifai, sai mu kifa ta, ta kama. Mai sharhin wasan, Jon Kabira, in ya ƙwala "shuuto!" duk ɗakin ke amsawa, har yara suka kwashi kalmar suka kai ta filin ƙwallo na gaske.

Doka ɗaya ce ke riƙe da gidan: wanda aka ci ya miƙa manet, shi ne kuma zai biya. Manet ita ce abar da ake riƙewa ana latsawa, wadda 'yan'uwanmu na Najeriya ke kira fad. Wasa ɗaya dala ashirin, sefa ɗari ke nan. Saboda haka gwani yana iya zama tun azahar har magariba bai taɓa aljihunsa ba, marasa hannu kuwa su ke ciyar da gidan. Akwai ƙananan dokoki da ba a rubuta ba. Ba a yarda mutum ya ɗauki Birazil ya mayar da Roberto Carlos gaba ba, sai in abokin karawa ya amince. Bayan Kamaru ta doke Najeriya a bugun fenariti a Legas a watan Fabrairun 2000, kusan kowane yamma sai an sake wasan nan a ɗakinmu, domin mu Hausawan Garwa zuciyarmu a rabe take: takarda ta Kamaru, kawunnai da gwaggwanni a Yola da Kano.

Gwanin gidan wani yaro ne mai koyon gyaran babur, kullum hannunsa baƙi ƙirin da man inji, har sai na goge manet in ya tashi. Ba ya son gudu. Kamaru yake ɗauka, ya yi ta ba da gajeren fas har abokin karawa ya ƙosa ya fito, sannan ya saki Mboma. Daga unguwannin Fulɓere da Lopere ake takowa musamman don a gwada shi. Yau babbar mota yake ja tsakanin Garwa da Ngaundere, 'ya'yansa ma ba su san ya taɓa yin suna ba.

Wannan abin da muke yi ba mu san yana da suna ba, shi ne yanzu duniya ke zuba wa kuɗi kamar ba a so. Gasar gem, ko e-sport kamar yadda ake ji a rediyo, ba wani abu ba ce illa mutum biyu ko ƙungiya biyu su kara a wasan kwamfuta ƙarƙashin doka, da alƙali, da 'yan kallo, da kyauta. A watan Oktoban 1972 ɗaliban Jami'ar Stanford ta Amurka suka kara a wani wasa mai suna Spacewar, wanda ya ci aka ba shi mujallar Rolling Stone ta shekara guda. A 1980 kamfanin Atari ya shirya gasar Space Invaders, mutum fiye da dubu goma suka shiga. Duk wannan nishaɗi ne kawai.

A Koriya ta Kudu abin ya zama sana'a, kuma karayar arziki ce ta jawo. A 1997 tattalin arzikin ƙasar ya durƙushe, aka sallami ɗimbin ma'aikata. Gwamnati ta dage wajen shimfiɗa intanet mai sauri, wasu daga cikin waɗanda aka sallama suka buɗe shagunan kwamfuta da ake biya da awa, waɗanda suke kira PC bang. Ana cikin haka a 1998 wani gem na dabarun yaƙi mai suna StarCraft ya fito. Ga matasa ba aiki, ga wurin zama mai araha, ga wasan da ke rarrabe gwani da ɗan koyo a fili. Zuwa 2000 an kafa hukumar KeSPA da amincewar ma'aikatar al'adu, an buɗe tashar talabijin da ba ta nuna komai sai gem, manyan kamfanoni sun fara ɗaukar 'yan wasa a kan albashi. Lim Yo-hwan, wanda ake wa laƙabi da BoxeR, ya zama tauraro irin na mawaƙa. Ka cire intanet mai sauri da hannun gwamnati daga labarin, abin da zai rage gidan gem ɗin yayana ne.

Daga wannan tsatso Faker ya fito. Sunansa Lee Sang-hyeok, an haife shi a 1996, yana buga League of Legends, wasan da mutum biyar ke karawa da biyar. Ya ci kofin duniya a 2013 yana ɗan shekara goma sha bakwai, ya sake a 2015 da 2016, sannan aka yi shekaru ana cewa zamaninsa ya wuce, sai ga shi ya dawo ya ɗauka a 2023 da 2024 da 2025, duk a ƙungiya ɗaya, T1. A sana'ar da ɗan shekara ashirin da biyar ake masa kallon tsoho, wannan ba ƙaramin abu ba ne. Zinaren da ya ci wa ƙasarsa a wasannin Asiya a Hangzhou a 2023 har ya sa aka ɗauke masa aikin soja na tilas. Amma gaskiya Faker bai taɓa zama namu ba. Wasansa na buƙatar kwamfuta mai kyau da layin da ba ya rawa, a Garwa kuwa in ka ambaci sunansa a gidan gem kallonka kawai za a yi.

Wanda za su gane shi ne Daigo Umehara na Japan, domin wasansa na dambe ne, mutum biyu kafaɗa da kafaɗa a gaban allo ɗaya. A 2004, a gasar Evo a Kalifoniya, ya haɗu da Justin Wong na Amurka a Street Fighter III. Daigo na riƙe da Ken, jininsa ya ƙare saura ɗigo. Justin na riƙe da Chun-Li, sai ya saki babban makaminta, shuri goma sha biyar a jere. A ƙa'idar wasan, ko ka kare kanka, kowane bugu na irin wannan makami na ɗan rage maka jini, don haka karewa ma mutuwa ce. Hanya ɗaya ta rage: ka tura sanda gaba daidai lokacin da kowane shuri zai sauka, ka kaɗe shi, kuskure ɗaya an gama. Daigo ya kaɗe goma sha huɗu a ƙasa, ya yi tsalle ya kaɗe na ƙarshe a sama, ya sauko ya gama da Justin. Ɗakin ya ɓarke da ihu. Abin da mutane ke mantawa shi ne Daigo bai ci gasar ba, wani ɗan ƙasarsu ya doke shi a wasan ƙarshe. Sunan wanda ya ci sai masu bin diddigi, na Daigo kuwa har gobe.

Dalili shi ne akwai mai ƙaramar kyamara a cikin taron, Seth Killian, ya ɗauki abin, aka sa a intanet, miliyoyin mutane suka gani. Mu Hausawa bai kamata wannan ya zame mana baƙon abu ba. 'Yan damben da suka yi kisa a zamanin Shago suna da yawa, amma shi ne ya sami Ɗan Anace. Gwanayen gidajen gem na Garwa da Marwa da Ngaundere babu wanda ya yi musu waƙa, babu wanda ya rubuta sakamakonsu ko a bayan kwalin sukari. Yau kowane aljihu akwai kyamara, amma har yanzu in an gama wasa sai a tashi kawai.

Maganar kuɗi zan taƙaita ta, domin ita ce ta fi ruɗar yara. A watan Yulin 2019 wani yaro ɗan Amurka mai shekara goma sha shida, Kyle Giersdorf da ake kira Bugha, ya ci dalar Amurka miliyan uku a gasar Fortnite a New York, abin da ya haura sefa biliyan ɗaya da rabi. A 2021 kyautar gasar Dota 2 ta duniya ta kai dalar Amurka miliyan arba'in. A 2018 Mosaad Aldossary na Saudiyya ya ci kofin duniya na gem ɗin FIFA a Landan, ya tafi da dalar Amurka dubu ɗari biyu da hamsin, yanzu kuma Riyad ce ta zama babbar mahaɗar harkar, inda a 2024 aka raba fiye da miliyan sittin a gasa ɗaya. Lambobin gaskiya ne. Sai dai miliyoyi ne ke shiga, 'yan ƙalilan ke fita da wani abu, sauran sun ba da lokacinsu ne kyauta.

Labarin da nake so kowane mai gidan gem a arewacin Kamaru ya sani shi ne na Arslan Siddique, wanda duniya ta sani da Arslan Ash, ɗan birnin Lahor na Pakistan. Shekara da shekaru an ɗauka cewa wasan Tekken gadon Koriya da Japan ne, kuma sarkinsa wani Bakoriye ne da ake kira Knee. Babu wanda ya san cewa a lungunan Lahor akwai shagunan gem inda samari ke karawa dare da rana, gefe da gefe, ba sa dogara da intanet, fita waje kuma ta gagare su saboda fasfo ɗin ƙasarsu ba ya buɗe ƙofofi. A ƙarshen 2018 Arslan ya je Dubai ya doke Knee, aka ce sa'a ce. A watan Fabrairun 2019 ya nufi Evo ta Japan a Fukuoka, matsalar biza ta sa ya yi ta sauya jirage yana kwana a filayen jirgi, ya isa da ƙyar ana gab da farawa, ya kuma cinye gasar. A watan Agusta ya je Las Vegas ya sake doke Knee a wasan ƙarshe na babbar Evo, ya faɗi ya yi sujada a gaban dubban mutane. Da aka tambaye shi, sai ya nuna cewa a gida akwai irinsa da yawa. Ba a yarda ba sai da 'yan garinsu suka fara fitowa ɗaya bayan ɗaya suna kwashe kofuna. Knee da kansa ya yi tattaki zuwa Pakistan don ya kara da su ya ƙaru. A 2023 Pakistan ta doke Koriya ta Kudu a gasar ƙasashe a Riyad, Arslan kuma ya sake cin Evo a 2023 da 2024.

Ba shi kaɗai ba ne. MenaRD na Jamhuriyar Dominika ya ci kofin Capcom a 2017 yana ɗan shekara goma sha takwas, ya koma gida ya zuba wani ɓangare na kuɗin a kan 'yan wasan ƙasarsu. Wani Bafaranshe da ake kira Luffy ya ci Evo a 2014 da manet ɗin PlayStation ta farko, irin wadda nake gogewa da tsumma a Yelwa. Duk waɗannan a wasannin da ake yi a zaune wuri ɗaya suka yi fice, ba a na nesa ba, kuma a ganina nan ne kaɗai ɗan Garwa ke da ƙofa.

Ga dalilina. Yanzu gyaran waya nake yi, kuma rabin wayoyin da samari ke kawo mini batirinsu ya kumbura ne saboda Free Fire da PUBG Mobile da eFootball, sabon sunan da Konami ta ba wasan ƙwallonta tun 2021. Waɗannan ta intanet ake buga su. In ka latsa, saƙon sai ya bi layi ya gangara kudu har bakin teku, inda igiyoyin ƙarƙashin ruwa ke sauka a Duwala da Limbe da Kiribi, ya haye zuwa wata babbar kwamfuta a wata nahiya, sannan ya dawo. Wannan jinkiri shi yara ke kira fin. Gem na nuna hoto sittin a daƙiƙa ɗaya, saboda haka wanda ke zaune kusa da babbar kwamfutar ya riga ya gan ka ya harbe ka kafin allonka ya nuna maka shi. Ba laifin yatsanka ba ne, nisa ne. A ranar 14 ga Maris 2024, da igiyoyi da dama suka katse a gaɓar tekun Afirka ta Yamma, har da mu a Kamaru muka ji a jikinmu.

Sannan ga wuta. Lantarkinmu daga madatsar Lagdo yake zuwa, wadda aka gama a 1982 a kan kogin Binuwai. 'Yan Najeriya sun san sunanta ne saboda ambaliya in an saki ruwa, mu kuwa mun san ta da rani, lokacin da ruwa ke ja baya a fara rabon wuta unguwa-unguwa, daidai watannin Maris da Afrilu da zafi ke haura digiri arba'in. Tashoshin hasken rana da aka kafa a Gidar da Marwa sun rage, ba su kashe matsalar ba. Duk wanda ya taɓa riƙe gidan gem ya san rigimar da ke tashi in wuta ta ɗauke ana ci biyu da ɗaya: wa zai biya?

Sha'awa kuwa ba a magana. Coton Sport, ƙungiyarmu da ta kai wasan ƙarshe na zakarun Afirka a 2008 ta sha kashi a hannun Al Ahly, ba ta cikin faya-fayan da muke samu, sai yara suka riƙa ƙera ta da hannunsu, riga kore da fari, suna shigar da sunayen 'yan wasa ɗaya bayan ɗaya. Da aka kawo gasar cin kofin Afirka filin Rumde Ajiya a watan Janairun 2022, garin ya cika da 'yan Yola da Kano da Maiduguri. Daren da Tunisiya ta fitar da Najeriya da ci ɗaya mai ban haushi, gidajen gem da ke kusa da filin ba su rufe da wuri ba, baƙi da 'yan gari suna ta rama wa Super Eagles a kan allo.

Iyaye suna da tasu hujjar, kuma ba ta banza ba ce. Akwai dattijon da ya taɓa zuwa shagon yayana ya kama kunnen ɗansa, ya dube ni ya ce, "Kai yaro, wannan da caca mene ne bambancinsu?" Na ce, "Baba, kuɗin wuta ne kawai yake biya." Ya ce, "To sallar la'asar fa, wa zai biya masa?" Ban da amsa, har yau kuma ina ganin tambayar tana nan daram. Hukumar Lafiya ta Duniya ta sanya jarabar gem cikin jerin cututtuka a 2019, wato mutum ya kasa tsayawa har karatu ko aiki ko iyali su lalace. Abin da ya fi damuna ma ba gem ɗin ba ne, kuɗin da ake ajiyewa a gefe ne. Da zarar 'yan kallo sun fara zuba jaka-jaka a kan wane zai ci, gida ya lalace, faɗa ya shigo, yaro ya fara taɓa aljihun mahaifiyarsa. Gasa mai alƙali da jadawali, wadda ake dakatarwa in an kira salla, ita ce ke korar wannan, ba rufe shago ba. In an rufe shago, wasan yana komawa cikin waya ne a ƙarƙashin bargo, inda babu babba ko ɗaya.

Sauran Afirka sun fara motsi. A Abijan ana yin bikin FEJA tun 2017, wanda Sidick Bakayoko ya kafa, 'yan wasa na zuwa daga ƙasashe da dama. Thabo Moloi na Afirka ta Kudu ya ci babbar gasar FIFA a ƙasarsu a 2018 yana ɗan shekara goma sha shida, kamfanin Red Bull ya ɗauke shi a 2020. A Kenya akwai Sylvia Gathoni, QueenArrow, wadda ta karanta shari'a kuma take buga Tekken, abin da ke tuna mini cewa ban taɓa ganin yarinya ta zauna a bencin gidan gem a Garwa ba, alhali wayoyin 'yan mata da ake kawo mini gyara cike suke da wasanni. A nan Kamaru, Olivier Madiba da kamfaninsa Kiro'o Games na Yawunde sun fitar da gem nasu na kansu, Aurion, a 2016. Amma duk abin da ake yi a ƙasar nan a Duwala da Yawunde ake yinsa. Yaron Garwa da ke son zuwa sai ya yi yini a mota ya hau tsaunin Ngaundere, ya kwana a jirgin ƙasa, ya nemi masauki, duk kafin ya taɓa manet. Yola ta fi masa kusa da babban birnin ƙasarsa nesa ba kusa ba.

Shi ya sa in da masu gidajen gem za su ji tawa, ba za su jira kowa daga kudu ba. Kowace unguwa ta fitar da gwaninta a ƙwallo da Tekken, a rubuta suna da sakamako a littafi, a kafa waya a kan benci ta ɗauki wasan ƙarshe. Zakaran Garwa ya kara da na Marwa da na Ngaundere, in abin ya kankama a gayyato Yola da Mubi. Ba a buƙatar intanet, allo biyu da janareta da alƙalin da ba ya tsoron kowa sun isa, kuɗin shiga kuma ya tafi ga kyauta da man janareta, a hana na gefe. A sa shi a hutun ƙarshen Disamba, lokacin da makarantu ke rufe, sanyi ya sauko, Lagdo kuma tana da sauran ruwan damina.